Kanwar wata: ku taya ni warware wannan ƙulli a labarina

Ɗan_Madugu:
Assalamu alaikum jama'ar zaure. Yau da ƙoƙon bara na zo. Wata takwas ke nan ina rubuta wani labarin almara, na kai babi na 11 na cije, ba gaba ba baya.

A duniyar labarin akwai wani abu da ake haƙowa a ƙarƙashin wani busasshen tafki can tsakiyar hamada, na raɗa masa suna kanwar wata. Kamarta ɗaya da kanwa, akwai dunƙule akwai gari, sai dai ita tana haske da kanta cikin duhu. Kuma duk abin da ya kusance ta, lokaci ba ya yi masa tafiya irin ta sauran duniya. Wanda ya kwana ɗaya a ɗakin da aka jibge ta, in ya fito zai tarar wata guda ya shige a gari. Fatake ke ɗauko ta a kan raƙuma, kamar yadda ake ɗauko kantun gishiri daga Bilma zuwa Agadas. Jarumar yarinya ce, Kande. Ubanta madugu ne, ya tafi ɗauko kanwar tun tana goye, har yau shiru.

Jiya na ba ƙanwata ta karanta, 'yar aji biyar a sakandare. Can sai ta ɗago ta ce, "Yaya, to su fataken da ke ɗauke da ita fa? Ai su ma kusa da ita suke. Yaushe za su iso?" Wallahi na rasa ta cewa. Ba na son in ce tsafi ne in wuce.

Sarkin_Musu:
Wa alaikumus salam. Malam, ka ce tsafi ne ka wuce abinka. Littattafan yaƙin da muka taso muna haya, jarumi zai sare kawunan mutum dubu da sara ɗaya, wa ya taɓa tsayar da marubucin ya tambaye shi tsawon takobin? Ƙanwarka dai ta cika iyayi.

Gwaggo_Ladi:
Kai Sarkin_Musu, bar yarinya, ta fi ka gaskiya. Shekara 26 na yi ina koyar da 'yan firamare, har gobe kuma ina yi wa jikoki tatsuniya. Yaro zai yarda Gizo yana magana, zai yarda kura ta je biki da lalle a ƙafa. Amma ranar da ka ce Gizo ya ga nama ya ƙi ci don kunya, nan take zai ce "Gwaggo ba haka ba ne." Ɗana, kai ka kafa doka da bakinka ka ce kwana ɗaya wata guda, to dole raƙuman ma su bi ta.

Injiniya_Samaru:
Ɗan_Madugu, ka ba ƙanwarka tukwici, ta tono maka naman labarin. Mu yi lissafi. A ce tafiyar kwana 20 ce a wurin fataken. Kowane kwana nasu wata guda ne a gari, ke nan wata 20, shekara ɗaya da wata takwas. Su a jikinsu ba su ji komai ba, guzurin kwana 20 ya ishe su, ko aski bai kama su ba. Amma makiyayin da ya hango su daga kan tudu zai ga ayari kamar an dasa shi a rairayi. Raƙumi ya ɗaga ƙafa, kafin ya sauke ta ka sha ruwa ka goge baki. Gobe ka dawo ka tarar da su kusan inda ka bar su.

Su kuwa fataken, in sun ɗaga kai, rana za su gani tana gudu. Fitowa, tsakiya, faɗuwa, dare, asuba, duk cikin minti 48, domin awa 24 in ka raba gida 30 abin da za ka samu ke nan. Ni da zan karanta babin da aka nuna wannan da kyau, da na sayi littafin ko don shi kaɗai.

Ɗan_Madugu:
Kai! Rana tana gudu a sama, wannan ban taɓa hango shi ba. Amma Injiniya, in haka ne sana'ar ta mutu. Wane ɗan kasuwa ne zai zuba jari ya jira kusan shekara biyu?

Injiniya_Samaru:
Akwai ma wadda ta fi wannan. Zafin ranar kwana 30 zai sauka a kansu cikin yini ɗaya nasu. Ba su ba, ko raƙuman ƙonewa za su yi. Ke nan in kanwar tana aiki a fili, babu mai tsira. Dole ka nemo yadda za a "kwantar" da ita a hanya. A lulluɓe ta da darma, misali.

Maman_Ilham:
Ku bar darmar nan, ba ta da daɗi a labari. Bari in ba ku abin da ya faɗo mini. Da kakata ta dawo daga Makka muna yara, cikin tsarabar akwai wani carbi mai launin kore-kore, irin wanda ke haske a duhu. Mu bakwai muke faɗa a kansa. Sai mu kara shi a jikin gilashin fitilar ƙwai na ɗan lokaci, mu ruga ɗakin da babu taga, mu shige ƙarƙashin gado mu buɗe hannu. Sai ka ga 'ya'yan carbin suna haske kamar idon mage. Minti kaɗan hasken ya dushe, mu koma wurin fitila. Da safe kuwa in ka ciro shi daga ƙasan adaka inda ya kwana, babu komai, mataccen roba ne kawai.

To me zai hana kanwar taka ta zama haka? Ba ta haske sai ta sha farin wata, kuma ba ta riƙe lokaci sai tana haske. Fatake su ɗinke ta a buhunan fata, su yi tafiya a duhun wata. In wata ya kusa cika su tsaya su binne kayan a rairayi. Ka ga ma sunan ya samu dalili. Ranar da buhu ɗaya ya yage a daren sha huɗu, ayari ya shiga uku.

Ɗan_Madugu:
Anti Maman_Ilham, Allah ya saka da alheri. Na tashi na zauna sau biyu da na karanta wannan. Buhu ya yage a daren sha huɗu! Babi guda ke nan kin ba ni kyauta.

Yar_Funtuwa:
Ni dai sunan ne bai kwanta mini ba. Kanwar wata, in ba ka lura da ƙugiya ba sai ka karanta ƙanwar wata, kamar Zara ake nufi. Tozalin dare ya fi daɗi a baki.

Sarkin_Musu:
Zara matar wata ce, ba ƙanwarsa ba. A gyara.

Yar_Funtuwa:
To Malam Musu, na ji. Amma maganata tana nan, rabin masu karatu a waya ba sa ganin bambancin k da ƙ.

Ɗan_Arlit:
Sallama gare ku. Ni nan Arlit ta ƙasar Nijar nike, inda aka haƙar ma'adinin yuraniyam tun farkon shekarun 1970. Abin da ya sa na sa baki, duk wanda ya ji daga ina nike sai ya tambaye ni wai da dare duwatsunmu na haske kore. Babu wanga zance. Dutsen, dutse ne kamar kowane, in ka gan shi a hanya ba za ka waiwaya ba. Bayan an sarrafa shi yakan koma gari rawaya, a zuba a durom a rufe. Inda na san yuraniyam na haske shi ne in an sa kaɗan cikin gilashi, sannan a haska shi da irin fitilar da aka duba jabun kuɗi da ita, to sai ya yi kore shar.

Shawarata ga mai labari: kada ka manta da masu haƙa. Mun ji fatake, mun ji madugu. Wa ka shiga ramin? Mi ya same su? Wanda ya yi aikin yini guda a ƙasa ya fito ya tarar ɗiyansa sun yi wata ba su gan shi ba, nawa za a biya shi, kuɗin yini ko na wata? Nan rigima take.

Mai_Hoton_Ƙashi:
Ɗan_Arlit ya yi gaskiya, amma akwai abin da ya taɓa yin haske da kansa a duhu a zahiri, kuma labarinsa ba daɗi. Mu da muke aiki a ɗakin hoto a asibiti ana koya mana shi.

A watan Satumba na 1987, a birnin Goyaniya na ƙasar Barazil, wasu mutum biyu masu tsintar ƙarafa, irin 'yan jari-bolanmu, suka shiga wani asibiti da aka tashi aka bari. Suka kwance kan wata na'urar gashin ciwon daji suka kai gida, suka yi ta bugu har suka huda ɗan kwanson da ke ciki, daga baya suka sayar wa wani mai sayen gwangwan. Da dare mutumin ya ga abu yana fitar da shuɗin haske a rumfarsa. Ya ɗauka wani abin daraja ne, ko ma na albarka. Ya shigar da shi gida, 'yan uwa da maƙwabta suka yi ta zuwa kallo, aka riƙa gutsura ana rabawa kamar ƙwayar shinkafa, wasu har shafawa suka yi a jiki. Wata yarinya 'yar shekara 6 ta ci abinci da garin abin a hannunta. Aka fara amai da gudawa da ƙuna a fata, ana zaton abinci ne ya ɓata ciki. Matar mai gwangwan ɗin ce ta fara zargin abin, ta sa shi a jaka ta hau bas ta kai wa ma'aikatan lafiya. Mutum 4 suka rasu, har da matar da yarinyar. An gwada mutum kusan 112,000, aka samu 249 da abin a jikinsu, aka rushe gidaje aka kwashe ƙasar wurin.

Sunan sinadarin mai hasken siziyam 137. Abin da nake so Ɗan_Madugu ya ɗauka shi ne yadda mutanen suka yi da suka ga hasken. Ba gudu suka yi ba, kiran 'yan uwa suka yi a zo a gani.

Maman_Ilham:
Innalillahi. Yanzu carbin da muka yi ta sawa a baki muna yara fa?

Mai_Hoton_Ƙashi:
Kwantar da hankalinki Anti. Wanda sai ya sha haske kafin ya bayar, kuma ya dushe bayan ɗan lokaci, ajiyar haske kawai yake yi. Abin tsoro shi ne wanda ke haske dare da rana ba tare da an haska shi ba, kamar fentin radiyam da aka riƙa shafa wa fuskar agogo a Amurka tun wajen 1917. 'Yan matan da ke aikin suna lasar bakin burushi don ya yi tsini, da yawansu ƙashin muƙamuƙinsu ya rube.

Injiniya_Samaru:
Tunda an ambaci siziyam, ga abin mamaki. Ɗan uwansa, siziyam 133, wanda shi ba ya fitar da wannan guba, da shi duniya take auna lokaci. Tun 1967 aka yi ittifaƙi cewa sakan ɗaya shi ne tsawon kaɗawa 9,192,631,770 na wani haske da ƙwayar zarrarsa ke amsawa. Ke nan gida ɗaya ya fitar da mai haske a duhu da kuma mai riƙe da agogon duniya.

Kuma bambancin tafiyar lokaci ba almara ba ce zalla. Masanin kimiyya Einstein ya nuna a 1905 cewa gudu yana rage tafiyar agogo, a 1915 kuma ya nuna kusanci da abu mai nauyi ma yana ragewa. A 1971 wasu masana biyu a Amurka suka ɗauki agogunan siziyam huɗu suka hau jirgin fasinja da su, suka zagaya duniya ta gabas, suka sake ta yamma, suka dawo suka tarar sun saɓa da waɗanda aka bari a ƙasa, daidai yadda lissafi ya ce. Yau taurarin ɗan'adam na GPS da ke nisan kilomita kusan 20,000 a sama, agogonsu yana gaba da namu da kashi 38 cikin miliyan na sakan ɗaya kowace rana. Ƙanƙani ne, amma da ba a gyara shi, taswirar wayarka za ta riƙa kuskure da wajen kilomita 10 a kullum.

Abin da babu shi ne dutsen da za ka sa a buhu ya yi wannan aiki. Wannan naka ne, Ɗan_Madugu. Amma ga kyauta ɗaya daga kimiyya: hasken da ya fito daga inda lokaci ke jan ƙafa yakan karkata zuwa ja ya dushe. In aka bi lissafi sau da ƙafa, a ninki 30 ido ma ba zai gan shi daga waje ba, sai ɗumi. Ba sai ka kai can ba. Ka ce daga nesa ja take kamar garwashin da ya kusa mutuwa, kana matsowa tana yin rawaya, sai ka iso gabanta ka ga fara ce fat. Wanda ya ga farinta, to ya riga ya shiga.

Gwaggo_Ladi:
Wannan na ƙarshe ya yi. Sai ka sa tsofaffin garin su riƙa yi wa yara kashedi da shi, a ce kada a kuskura a ga farinta.

Yarima_Daura:
Ni duk wannan Ashabul Kahfi yake tuna mini. Wa ya sani ko irin wannan dutse ne a cikin kogon nasu?

Malam_Na_Zaure:
Yarima, a yi hattara ɗan uwa. Wancan aya ce daga ayoyin Allah, ba aikin dutse ba ne, kuma bai kamata mu jingina wa ƙissar Alƙur'ani abin da wani ya ƙirƙira a ɗakinsa ba. Barci aka sa su, ana juya su dama da hagu, shekara 300 da ƙarin 9 kamar yadda ya zo a aya ta 25 ta Suratul Kahfi. Da suka farka suka ce yini ɗaya suka yi ko wani sashe na yini, suka aiki ɗayansu gari da azurfarsu ya sayo abinci.

Ban hana marubuci ya yi tunani a kan yadda aka ba da labarin ba, wannan ilimi ne. Dubi aya ta 259 a Baƙara, mutumin da aka matar da shi shekara 100 sannan aka tashe shi, wanda da yawan masu tafsiri suka ce Uzairu ne. Shi ma ya ce yini ko sashen yini. Sai aka ce ya dubi abincinsa da abin shansa ba su canja ba, ya dubi jakinsa kuma, ya zama ƙasusuwa. Wuri ɗaya, abin da ya fi saurin lalacewa yana nan lafiya, mai rai ya ruɓe. Ba a yi masa dogon bayani ba, abubuwa biyu aka nuna masa. Ɗan_Madugu, ka yi almararka a matsayin almara, kada ka ce ga sirrin kogo, shi ke nan babu laifi in sha Allah.

Yarima_Daura:
Na karɓi gyara, Malam. Amma tambaya ta gaskiya: fataken da buhunsu ya yage, rana tana fitowa tana faɗuwa duk minti 48, yaya za su yi salla? Biyar-biyar duk minti 48? Ai ko alwala ba za su gama ba.

Malam_Na_Zaure:
Ka ba ni dariya. Mas'alar da ba ta faru ba ce, ba kuma za ta faru ba, don haka ba fatawa nake ba. Amma akwai makamanciyarta a hadisin Dujal da ke cikin Sahihu Muslim, inda aka ce a kwanakinsa 40 akwai yini kamar shekara, da yini kamar wata, da yini kamar mako. Sahabbai suka tambaya ko sallar yini ɗaya ta isa a wannan dogon yini, aka ce a'a, a ƙaddara masa gwargwadonsa. Da shi malamai suka kafa hujja a kan garuruwan can arewacin duniya inda rana kan yi makonni ba ta faɗi ba.

Ɗan_Madugu:
Na gode Malam. Duniyar tawa ban ambaci addininta ba da gangan, don gudun irin wannan.

Anti_Binta_Zango:
Daga Kumasi nake gaishe ku. Ƙanina, ko ka ambata ko ba ka ambata ba, mai karatu Bahaushe da ya ga madugu da rawani da suna Kande zai ɗauka Musulmi ne, kuma zai tambaya. Ko dai ka nisanta duniyar sosai, ko ka rungumi abin.

Mai_Tumatir_Kadawa:
Ku kuna ta kimiyya da fiƙihu, ni kuɗi nake hangowa. A watan Fabrairu kwandon tumatir har zubarwa muke a bakin titi don babu mai saye. Zuwa Yuni kuwa sai mai hali. Ka ba ni dunƙulen kanwar nan ɗaya in sa a rumbu, in jera kwanduna, in rufe. Bayan wata huɗu in buɗe, tumatirin kwana huɗu kawai ya yi. Wallahi a shekara biyu sai na sayi tirela. Mahauta ma haka, masu nono haka. Saboda haka, Ɗan_Madugu, amsar tambayarka ta wane ɗan kasuwa zai jira shekara biyu, ga ni, zan jira biyar.

Kuma ka sani sarkin garin ba zai bar ta a hannun talaka ba. Ranar da ta shigo kasuwa, ranar za a yi shela cewa duk kanwar wata ta fada ce.

Lauya_Mai_Shayi:
Alhaji Mai Tumatir ya buɗo ƙofa. Wanda maciji ya sara, a kwantar da shi kusa da ita har a je gari mai nisa a ɗauko magani. Wanda ake bi bashi ya shige ya yi kwana 12 ya fito an shekara. Sarki ya jefa abokin gabarsa ciki na wata uku, ya fito ya tarar shekara bakwai da rabi sun wuce, magoya bayansa sun watse, ba a zubar da jini ba. Amma a lura, ba ƙarin kwana take ba. Attajirin da ya shige don gudun tsufa, kwanakinsa na nan yadda suke, tsallake na mutane kawai ya yi.

Sannan matar madugun. A mazhabar Malikiyya matar wanda ya ɓace, in ta kai ƙara, alƙali kan yanka mata shekara 4 bayan an yi bincike, sannan ta yi takaba wata 4 da kwana 10, ta iya yin aure. To ko da wace doka garin naka ke bi, dole akwai ranar da za a ce an gaji da jira. Uwar Kande tana ina? Ta yi aure? An raba gadonsa? Mutum ya fito daga rami yana ganin jiya-jiya ya bar gida, ya tarar da wani a turakarsa.

Ɗiyar_Mai_Wurno:
Tun ɗazu nake karantawa ban yi niyyar magana ba, maganar Lauya ce ta taɓa ni. Ni a Sudan aka haife ni, a Mai Wurno, bakin Shuɗin Nilu, garin da mutanen Sarkin Musulmi Attahiru suka kafa bayan yaƙin Burmi na 1903. Kakata ba cikin waɗancan take ba, daga baya suka taso ita da kakana da ƙafa za su hajji, da niyyar shekara biyu ko uku su koma. Suka tsaya noman auduga don neman guzuri, aka haifi babana, aka haifi ƙannensa, komawar da ba a yi ba ke nan.

Har ta rasu, ƙasar Hausa a kanta tana nan yadda ta baro ta. In baƙo ya zo daga Najeriya sai ta sa a kira mata shi, ta tambaye shi kwanon gero sule nawa yanzu. Ya ce Hajiya ai an daina sule tun 1973, naira ake yi. Ta yi shiru, can kuma ta tambayi wata bishiyar tsamiya da ke ƙofar gidansu, ko tana nan. Baƙin har dariya suke wa Hausarta, wai irin ta kakanninsu ce. Akwai wani zane saƙi da ta ajiye a ƙasan akwati, ta ce na ƙanwarta ne da ta bari tana 'yar shekara tara, za ta kai mata. Mun same shi a ninke bayan rasuwarta.

Ɗan_Madugu, in madugunka ya fito, ka sa ya yi magana irin ta da, ya tambayi mutanen da suka mutu, ya kawo tsarabar da ta yi wa mai ita kaɗan.

Gwaggo_Ladi:
Allah ya jiƙan Hajiya, ya sa ta huta. 'Yata, kin sa ni hawaye da tsakar rana.

Ɗan_Madugu:
Amin. Yaya Ɗiyar_Mai_Wurno, ban san me zan ce ba, na gode. Ga inda na tsaya yanzu. Madugun ba a hanya ya ɓace ba, rami ne ya rufta da shi da mahaƙa shida, kamar yadda Ɗan_Arlit ya ce kada a manta da su. Shekara 12 a gari, wata 144, ke nan su kwana 144 suka yi, ko wata biyar ba su cika ba, suna tona hanyar fita suna cin guzurin ayari. A aljihunsa akwai ɗan awarwaro na hannun jaririya. Kande tana da shekara 13 za ta shiga nemansa, kuma ta san duk awa ɗaya da ta yi a ciki, awa 30 ce a wurin uwarta da ta bari ba lafiya. Maganar auren uwar, Lauya, ban yanke ba tukuna. Sunan ma ina nan a kan kanwar wata, Yar_Funtuwa ki yi haƙuri.

Injiniya_Samaru:
Madalla, amma tsaya. Kun amince da dokar Maman_Ilham cewa sai ta sha farin wata take haske, kuma sai tana haske take riƙe lokaci. To a ƙarƙashin ƙasa, cikin ramin da ya rufta, wane wata ta gani? In babu haske a ramin, shekara 12 ɗin cur suka yi, kuma yunwa ta kashe su tun a shekarar farko.

Ɗan_Madugu:
Innalillahi. Injiniya kai da ƙanwata wa ya aiko ku?

Ɗan_Arlit:
Rami ba ya rasa hudar iska, in ba haka ba mahaƙa ba su rayuwa. Ka bar huda guda sama kamar bakin rijiya, wata ya leƙo ta nan.

Injiniya_Samaru:
Ta siririyar huda wata ba zai leƙo ba sai ya zo daidai saman kai, kuma na ɗan lokaci. Sauran kwanakin fa? Lissafin 144 ya rushe, sai an sake. Sai dai in babbar jijiyar da ke ƙasa daban take da gutsattsarin da ake ɗauka a buhu, ita ba ta mutuwa.

Maman_Ilham:
A'a, in ka yi haka ka koma wa "tsafi ne" ta bayan gida. Ni dai a bar hudar, a ce babban dutse in ya sha na dare ɗaya yana riƙewa har wata ya zagayo.

Sarkin_Musu:
Kwana biyu ana magana, har yanzu ban ji inda aka zare takobi ba. Wa ke gadin ramin? Babu ko aljani ɗaya?

Mai_Tumatir_Kadawa:
Dogaran sarki mana. Kuma a canja su duk kwana ɗaya, in ba haka ba matansu su kai ƙara fada.

Maman_Ilham:
Ku ji wani abu. Na je gidanmu da yamma na sa aka buɗe adakar marigayiya, carbin yana nan, zaren ne kawai ya tsinke. Na haska shi da tocilan waya na shiga bayan ƙofa. Har yanzu yana yi, sai dai ba kamar da ba. Ilham da ƙannenta sun ƙwace, yanzu haka suna ƙarƙashin gado, na ji ana cewa saura ni saura ni.